Yaya Zan Tsara Na'urar Murɗe Sauti a Daular da Ba Ta da Lantarki?

Tambaya: Ina rubuta labarin yaƙi a wata duniya ta ƙirƙira, zamanin takobi da dawaki. Ina son birnin jarumata ya mallaki wata na'ura a kan ganuwa wadda ke murɗe sauti, ta yadda mayaƙan da suka kewaye birnin ba za su gane umarnin shugabanninsu ko saƙon ganguna ba. Yaya zan tsara ta ta yi kama da gaske, kuma ina ne raunin da za a iya karya ta?

Amsa:

Malama, kafin ki zana komai, ki riƙe wannan ƙa'ida: abin da yake zaune wuri guda, ba ya motsi kuma ba a ba shi ƙarfi daga waje, ba ya iya canza mitar sauti. Iyakarsa ya tace, ya danne wani sashe na amon ya fito da wani. Duk inda aka ga mita ta sauya da gaske, to akwai motsi ko akwai wani ƙarfi da ake zubawa. Saboda haka shawarata ita ce ki yi ƙarya guda ɗaya tak, ki sa sihirin a sashe ɗaya na na'urar, sauran ki bar su su bi dokar sauti ta duniyarmu. Daga wannan dokar ne raunin na'urar zai fito da kansa, ba sai kin ƙirƙiro shi ba.

Mita ita ce yawan kaɗawar iska a cikin daƙiƙa ɗaya, ana auna ta da haz. Kunnen ɗan Adam mai lafiya yana ji daga haz 20 zuwa kusan 20,000. Tushen murya, wato amonta mafi kauri, na namiji yana tsakanin haz 85 da 180, na mace tsakanin 165 da 255. Sauti yana gudun mita 343 a daƙiƙa idan zafin iska digiri 20 ne (mita a nan, da duk inda ta zo da lambar tsawo ko nisa, ta awon tsawo ce, ba ta sauti ba). Idan kika raba wannan gudu da yawan kaɗawa, kin sami tsawon zango: amo mai haz 100 zangonsa mita 3.4 ne, mai haz 1,000 santimita 34, mai haz 10,000 bai kai santimita huɗu ba. Wannan lissafi shi zai faɗa miki girman na'urarki. Abin da zai sarrafa amon tambari dole ya zama ƙato, ba zai shiga aljihun jaruma ba.

Sannan murya ba mita ɗaya ba ce. Idan tushenta 100 ne, akwai 'ya'yan amo a kan 200, 300, 400, haka har sama, kuma maƙogwaro da baki su ke zaɓar waɗanda za su fito fili. Wannan zaɓi shi ke bambanta wasalin "a" da "i". Don haka murɗewa iri uku ce, kuma sakamakonsu ba ɗaya ba ne.

Na farko, a ninka kowace mita da adadi guda. 100, 200, 300 su koma 150, 300, 450. Murya za ta sirance, babban mutum ya yi kamar yaro, amma maganar tana nan ana gane ta. Wannan ya dace da ɓoye mai magana, bai dace da abin da kike so ba.

Na biyu, a ƙara wa kowace mita adadi guda. 100, 200, 300 su koma 130, 230, 330. Yanzu 'ya'yan amon sun daina zama ninkin juna, sai murya ta koma kamar ana buga ƙarfe, mara daɗin ji, mai tayar da tsigar jiki. Idan ƙarin kaɗan ne ana gane magana da ƙyar, idan ya kai ɗaruruwan haz sai ta lalace.

Na uku, a kifar da mitoci, ta ƙasa ta koma sama, ta sama ta dawo ƙasa. An yi amfani da wannan a gaske wajen ɓoye hirar tarho ta rediyo tsakanin Turai da Amurka kafin Yaƙin Duniya na Biyu. Idan aka kifar a kan 3,300, amo mai 300 sai ya koma 3,000, mai 3,000 ya koma 300. Raunin dabarar sananne ne: duk mai na'ura irinta zai warware ta, kuma ma'aikatan da suka daɗe suna sauraro sun riƙa tsintar kalmomi da kunnensu kawai. Ga ki da hali guda a labarinki, tsohon bawan da ya shekara ashirin a gindin hasumiya har ya iya jin kifaffiyar magana.

Yanzu ga sassan na'urar, daga inda amo ke shiga zuwa inda yake fita.

Sashe na farko shi ne kunne, wato abin tattara amo. Mazurari na tagulla ko na yumɓu zai yi, amma kewayen bakinsa ya kamata ya kai kusan tsawon zangon amo mafi kauri da kike son kamawa. Don haz 200, faɗin baki kamar santimita 55 ya isa. Don haz 100, sai ya haura mita ɗaya. Idan kuma daga nesa kike son kamo amon, mazurari bai isa ba, sai an gina bango mai lanƙwasa da ke tara amo a wuri guda. Ingila ta gina irin waɗannan da kankare a gaɓar tekunta ta kudu a shekarun 1920 da 1930 don jiyo jiragen sama kafin zuwan rada, wato na'urar hango jirage daga nesa, kuma mafi girma daga cikinsu tsawonsa ya kai mita 60. Don haka ki bar ganuwar kanta ta zama kunnen, a gina wani ɓangarenta a lanƙwashe da gangan. Mai leƙen asirin da ya san sana'ar zai gane inda na'urar take daga siffar ginin kawai.

Sashe na biyu shi ne matata. Nan babu buƙatar sihiri ko kaɗan. Tulu mai siririn wuya yana amsa mita guda, kamar yadda kwalba ke kuka idan an hura bakinta. Masanin Jamus Helmholtz ya bayyana lissafinsa a ƙarni na 19. Tulu mai cin lita biyu, wuyansa mai faɗin santimita biyar da tsawon santimita goma, yana amsawa a wajajen haz 145. Idan kika ninka cikinsa sau huɗu ya zama lita takwas, mitar za ta rabu biyu ta dawo kusan 72. Rabin lita kuma ya hau kusan 290. Idan aka jera irin waɗannan tuluna a gefen bututu, kowanne sai ya cinye mitarsa daga amon da ke wucewa. Ana saita su da ruwa: a zuba ruwa, sararin ciki ya ragu, mita ta hau. Akwai kuma bututu mai rassa biyu da ke sake haɗuwa. Idan reshe ɗaya ya fi ɗan'uwansa tsawo da rabin zango, amon biyu sai su kashe juna. Don kashe haz 500, bambancin ya zama santimita 34. Ki sa reshen ya zama mai zamewa, ma'aikaci ya riƙa jansa yana turawa.

Sashe na uku shi ne ƙarfi, kuma nan ne yawancin marubuta ke faɗuwa. Maganar mutum ƙarfinta ɗan mitsitsi ne ƙwarai, kuma yana raguwa da desibel shida (desibel shi ne ma'aunin ƙarfin amo) duk sanda nisa ya ninka. Ihun sarkin yaƙi mai desibel 90 a nisan mita ɗaya, idan ya iso hasumiya daga mita 200 ya koma kusan 44, ƙasa da hira ta yau da kullum. Ba za ki iya mayar da wannan ɗan amo ya rufe filin daga ba sai da ƙarin ƙarfi. An yi maganin wannan ba tare da lantarki ya taɓa amon ba: a farkon shekarun 1900 injiniya Charles Parsons ya ƙera na'urar ƙara sautin garmaho da matsattsiyar iska. Ɗan ƙaramin murfi mai kama da matsefi yana rawa da amon, yana buɗe wa iska hanya yana rufewa, sai iskar ta fita ɗauke da amon da ƙarfi ninkin-ba-ninkin. A daularki, zugazugai manya na fatar sa za su cika wani rumbun iska, maza shida ko takwas suna zuga bi da bi, ko a haɗa su da dabaran ruwa idan birnin yana bakin kogi. Rumbun ya zama dole, domin in babu shi amon zai riƙa hawa da sauka da kowace zuga.

Sashe na huɗu shi ne mai murɗewar kansa. Ba tare da sihiri ba, hanya mafi sauƙi ita ce motsi. Amon abin da ke tahowa wajenki yana sirancewa, na abin da ke tafiya yana kauri. Wani masani mai suna Doppler ya bayyana wannan a 1842, aka gwada shi a 1845 a ƙasar Holan da masu busa a kan jirgin ƙasa. Ki ɗora bakin ƙahon fitar da amo a kan hannu mai tsawon mita ɗaya, a juya shi sau uku a daƙiƙa. Bakin zai yi gudun kusan mita 19 a daƙiƙa, mitar ta riƙa hawa da sauka da kusan kashi biyar da rabi cikin ɗari. Wannan ya isa ya sa amo ya riƙa lilo yana juya kan mai sauraro. Amma ki lura da farashinsa: a wannan gudu, bakin ƙaho mai kilo biyu yana fizgar hannun da ƙarfin da ya kai nauyin kilo 70. Dole a sa masa wani nauyi da zai daidaita shi a ɗaya gefen, kuma gatarin juyawar zai ci mai kullum, ya ci tagulla duk wata. Idan kuwa kina so mita ta ninka sau biyu ta wannan hanya, sai bakin ya yi gudun rabin gudun sauti, sama da kilomita 600 a awa. Babu itace ko tagullar da za ta jure.

To nan ne wurin ƙaryarki. Zaɓi biyu na ga sun fi tsabta.

Ko dai ki ƙirƙiro wani dutse wanda idan aka kaɗa shi a wata mita yake amsawa a wata daban, bisa ƙa'ida tabbatacciya da ba za ki taɓa karyawa ba a duk littafin. Misali, yana kifar da amo a kan wata mita da girman dutsen ke yankewa: babban dutse ƙasa, ƙarami sama. Daga nan sana'ar masu sassaƙa shi ta samu, da kasuwarsa, da yaƙi a kan ma'adininsa. Ki ba shi farashi ma: yana zafi idan ya yi aiki, kuma idan ya tsage ƙa'idarsa ta canza.

Ko kuma ki yi wani hazo da ake bazawa a fili, wanda lokaci ke tafiya a hankali a cikinsa. Wannan ya fi ban sha'awa amma yana da tarko. Mutum biyu da suke cikin hazon za su ji juna daidai, babu wata murɗewa, domin kunnensu da bakinsu duk agogo ɗaya suke bi. Amon da ya ƙetare iyakar hazon ne kawai ke canzawa. Saboda haka amfaninsa shi ne ya raba runduna da shugabanta, a baza shi tsakanin tantin sarki da sahun gaba. Kada ki rikita wannan da iska mai canza gudun sauti kawai. Wanda ya shaƙi hiliyom, wata iska da ta fi iskar da muke shaƙa rashin nauyi, muryarsa tana yin kamar ta agwagwa, amma tushen muryar bai motsa ba, abin da baki ke zaɓa ne ya hau sama. Amon da ya ratsa irin wannan iska ya fito, da mitarsa ta asali zai fito.

Akwai matsala guda da na'urar dutse ba ta tsallake ba, kuma ina roƙonki kada ki ɓoye ta. Na'urar ba ta goge amon asali. Umarnin sarkin yaƙi zai isa kunnen mayaƙinsa kai tsaye, murɗaɗɗen kuma ya biyo baya. Daga mita 200, amo yana ɗaukar sama da rabin daƙiƙa ya isa hasumiya, ya ɗauki irin haka ya dawo, jimilla kusan daƙiƙa 1.2. Aikin murɗaɗɗen shi ne ya faɗo a kan kalmomin da ke biye ya binne su, kuma sai ya fi su ƙarfi sosai kafin ya yi hakan. Idan ƙahon yana fitar da desibel 120 a nisan mita ɗaya daga bakinsa, a mita 100 saura 80, a mita 200 saura 74, a mita 400 saura 68. Ihun da aka yi wa wanda ke nesa da mita goma yana isa da kusan 70. Ke nan na'urar tana da tasiri cikin mita 100 zuwa 150, tana rauni a 200, ta zama hayaniya kawai bayan haka. Kuma mutum biyu da ke kafaɗa da kafaɗa za su yi maganarsu ko da a gindin ganuwa ne. Wannan iyaka alheri ce ga labarin, domin tana ba maƙiya layin da za su tsaya a bayansa su yi shiri.

Jinkirin ma makami ne idan an saita shi. Idan mutum ya ji muryarsa tana dawo masa bayan kusan kashi ɗaya cikin biyar na daƙiƙa, harshensa yana sarƙewa, ya fara i'ina ko ya yi shiru. An san wannan tun 1950, kuma wasu masu bincike a Japan sun ƙera na'urar hannu a kansa a 2012. Wannan jinkiri daidai yake da tafiyar mita 68. Ki naɗe bututu mai wannan tsawo a ƙarƙashin zauren fada, bakinsa ɗaya kusa da inda jakada ke tsayawa, ɗayan kusa da kunnensa, sai ki sami zauren da baƙo ba ya iya kammala jimla a cikinsa, mutanen gari kuma su ce kwarjinin sarki ne. Bututun ya kasance mai faɗi da santsin ciki, kuma yana buƙatar ƙarin ƙarfin iska a ƙarshensa, in ba haka ba siraran mitoci za su mutu a hanya.

Game da ganguna, sun fi murya saurin lalacewa. Idan harshen mutanenki mai karin sauti ne kamar Hausa, ganga irin kalangu tana ɗaukar hawa da saukar karin ne da tsawon gaɓoɓi, ba ta da baƙi ba ta da wasali. Ninkawa ba za ta taɓa saƙonta ba, tunda hawa yana nan hawa, kamar yadda mace da namiji ke faɗin kalma ɗaya a mita daban a gane su. Kifarwa kuwa tana mayar da hawa sauka. Lilon ƙaho mai juyawa yana dagula karin idan saurinsa ya yi kusa da saurin gaɓoɓin magana, wato sau huɗu zuwa shida a daƙiƙa. Amma ga murya, lalata kari kaɗai bai isa ba. Muna karanta rubutun boko babu alamar kari muna ganewa, muna kuma gane raɗa wadda ba ta da tushen murya sam. Abin da ke riƙe da ma'anar magana yana tsakanin haz 300 da 3,400, iyakar da tsohuwar wayar tarho ke ɗauka, musamman daga 1,000 zuwa sama inda baƙaƙe suke. Nan za ki kai hari.

Abin da babu ɗaya daga cikin hanyoyin nan da ke taɓawa shi ne ƙidayar bugu. Bugu uku a jere sannan shiru, ko an sirantar ko an kifar, bugu uku ne. Sarkin yaƙi mai wayo zai bar saƙon kari ya koma kuge ko tambari da ƙidayar bugu, ya bar tazarar da ta fi daƙiƙa biyu tsakanin jeri da jeri don amsa-kuwwar na'urar ta wuce, ya haɗa da tuta da rana da wuta da dare. Ina ganin wannan ya fi a aika jarumi ya fasa dutse, domin mai karatu zai iya gano shi da kansa kafin a faɗa masa.

Sauran abubuwan da ke lalata ta a yau da kullum:

Zafi. Gudun sauti yana ƙaruwa da kusan mita 0.6 a daƙiƙa kan kowane digiri. Da asuba a digiri 15 yana kusan 340, da azahar a digiri 42 ya kai kusan 357. Duk tuluna da bututai za su hau da kusan kashi biyar cikin ɗari, alhali dutse ko ƙararrawar ƙarfe kusan ba su motsa ba. Na'urar da aka saita da asuba ta saɓa da kanta kafin rana ta take. Dole a sami mai saiti da ƙararrawar awo a hannu, yana buga ta yana sauraron ɓarin da ke tsakaninta da tulu. Idan mitoci biyu sun bambanta da haz huɗu, kunne yana jin amon yana kumbura yana lafawa sau huɗu a daƙiƙa, kuma yayin da ake kusantar daidai ɓarin yana raguwa har ya tsaya. Ruwan cikin tulun ma yana ƙafewa ya ja mitar ƙasa.

Kukan kai. Idan kunnen na'urar ya jiyo abin da bakinta ke fitarwa, amon zai zagaya yana ƙaruwa har ya zama tsuwwa ɗaya mai huda kunne, irin wadda lasifika ke yi idan an kusantar da makirufo. Maganinsa a raba kunne da baki da kauri na ganuwa, su fuskanci wurare daban. Maƙiyi da ya gane wannan zai jero manyan garkuwoyi ko ya gina katanga mai santsi a gaban hasumiya ta mayar mata da amonta.

Iska da lokaci. Amo yana lanƙwasowa ƙasa idan yana bin iska, yana tashi sama idan yana fuskantarta, har a sami wurin da kusan ba a jin komai. Da dare, lokacin da iskar ƙasa ta fi ta sama sanyi, amo yana nisa sosai. Da tsakar rana yana gajarta. Hari mafi hikima shi ne da azahar, daga ɓangaren da iska ke fitowa.

Ƙura, tsatsa, gidan zanzaro a wuyan tulu, fatar zugazugi da ke saki da damina ta tsage da hunturu. Wuyan tulu da ya toshe rabi mitarsa tana sauka da kusan kashi talatin cikin ɗari.

Sai mutanen da ke aikin. Desibel 85 na awa takwas a kullum ya isa ya fara cin kunne, kuma kowane ƙarin desibel uku yana raba lokacin biyu, ta yadda a desibel 100 minti goma sha biyar ne. Wanda ke tsaye kusa da ƙaho mai 120 ba shi da ko minti ɗaya. Jin yana fara tafiya ne daga wajajen haz 4,000, don haka mutum zai riƙa jin ana magana amma "s" da "sh" da "f" sun ɓace masa, ga shuwa da ba ta barin kunne. Toshe kunne da auduga da kakin zuma yana ragewa, ba ya hanawa. Masu zuga za su iya zama kurame su ci gaba da aiki da alamar hannu, amma mai saiti da kunnensa yake ci, kuma na'urar da yake saitawa ita ke kashe kunnen. Birnin zai buƙaci sabon mai saiti duk bayan 'yan shekaru, yaro mai kaifin ji da za a ɗauko tun yana ƙarami, kuma a ajiye shi a ɗaki mai kaurin bango nesa da ƙahon, yana sauraro ta siririn bututu mai murfi, a riƙa buɗe masa na ɗan lokaci kawai.